Yadda na haɗa taron masana rubutun sihiri a cikin labarina

Wata takwas cur na yi ina zagaye babi ɗaya na kasa wuce shi, babi na 11 na wani dogon labari da nake rubutawa. Labarin a wata duniya yake da na ƙago da kaina, inda rubutu ba saƙo kaɗai yake ɗauka ba, aiki yake yi, ka rubuta kalmar zafi daidai takardar ta ɗume a hannunka, ka kuskure ɗigo ɗaya kuma abin da zai fito ba shi ka nema ba. In faɗa tun yanzu kar wani ya ɗauka wani abu ne daban, ƙagaggen labari ne zalla, haruffan ma ni na zauna na zana abina, ba su da asali a ko'ina kuma ba sa yin komai sai a cikin labarin.

Matsalar babin ita ce dole mai karatu ya san dokokin wannan rubutu kafin a ci gaba, to ni kuma sai na zuba su shafi shida, doka ta ɗaya kaza doka ta biyu kaza, na sa su a bakin wani tsoho yana koya wa jarumar, wata yarinya mai koyon kwafar littattafai. Na ba ƙanwata ta karanta don ita ke fara ganin duk abin da na rubuta, ta kai shafi na uku ta ajiye ta ce, "Yaya, wallahi ji nake kamar gobe jarrabawa. Kuma wai waye ya ce haka dokokin suke? Duk masanan garin ba wanda ya taɓa yin musu?" Na yi shiru don ba ni da amsa. Daren nan ban yi barcin kirki ba ina ta juya maganar, sai can wajen asuba abin ya faɗo min, ai duk ilimin da ya amsa sunansa akwai masu jayayya a kansa, to me zai hana in tara masanan duniyar nan tawa a zaure ɗaya su yi taro, kowa ya kawo muƙalarsa su yi ta ja-in-ja, yarinyar na gefe tana ji, mai karatu ma yana ji.

Da na zauna zan fara sai na tarar ban ma san a kan me za su yi musun ba, saboda ni kaina ban taɓa rubuta haruffan nan da kayan da su suke rubutu da su ba, da biro na zana su sannan na ɗauke su hoto da waya. Sai na ajiye kwamfuta na koma baya. Na kunna kyandir na riƙe bayan cokali a kan harshen wutar har ya yi baƙi ƙirin, na kankare baƙin hayaƙin a murfin kwalba, na sake, na sake, ya fi sau ashirin kafin ya taru ya kai abin a ce an samu, sannan na jiƙa ƙaro na kwaɓa su, na feƙe kara na tsaga bakinsa na yi alƙalami. Harafin farko da na ja kawai na koyi abin da wata takwas bai koya min ba. Alƙalamin kara yana son a ja shi, ba ya son a tura shi, ka tura shi sama sai ya turje ya fesa maka tawada, kuma duk inda hannunka ya tsaya ko na ƙiftawar ido ne sai tawada ta taru ta yi ɗan kumburi a wurin. Ashe duk wanda ya san aikin in ya kalli harafi zai gane ta ina aka faro shi, a ina mai rubutun ya yi shakka, a ina ya ja numfashi. Nan take na samu musun farko: wasu masanan za su ce ƙarfin harafi a siffarsa yake, wasu su ce a'a a tafiyar hannu yake, harafi biyu masu kama ɗaya in an faro ɗaya daga sama ɗaya daga ƙasa to ba aiki ɗaya za su yi ba.

Daga nan na shiga karance-karance kan yadda mutanen duniyarmu ta gaske suka ɗauki rubutu a zamanai daban-daban, kuma gaskiya abin da na tarar ya fi duk abin da zan iya ƙagowa. Mutanen arewacin Turai na da suna da haruffa 24 da suka kasa gida uku, takwas-takwas, kusan duk a tsaye suke ko a karkace, da wuya ka ga zane a kwance, kuma bayanin da masana da yawa ke bayarwa shi ne a jikin itace ake yanka su, in ka bi tsagin itacen zanen zai ɓace ko itacen ya dare. Na ɗauko guntun katako da wuƙa na gwada, haka ne kuwa, layin da ya bi tsagi ko ni da na yanka shi sai na karkata katakon a haske nake ganinsa. Ita kuma tawadar da Turai suka yi ɗaruruwan shekaru suna rubutu da ita ba irin tawa ta hayaƙi ba ce, daga wani ƙulluto ake yinta da ke fitowa a jikin bishiya in ƙwaro ya yi ƙwai a wurin, a haɗa da gishirin ƙarfe da ƙaro, tana sauka a takarda dishi-dishi sai ta sha iska take yin baƙi, kuma cizon takardar take yi, shi ya sa ake samun tsoffin takardu da rubutun ya cinye su ya bar huji mai siffar harafi. Tawa ta hayaƙi kuwa a sama take zama, jiƙaƙƙen tsumma ya isa ya ɗauke ta. To ka ga makarantu sun fito da kansu, masu sassaƙa da ke cewa rubutun da bai shiga jikin abu ba wasan yara ne, da masu tawada da su ma suka rabu biyu, masu mai cizo wadda aikinta sai ya kwana uku yake tashi amma ba ya warwaruwa, da masu ta hayaƙi da ke cewa duk abin da ba za ka iya janyewa ba bai kamata ka fara shi ba.

Makaranta ta uku ta fi duk shiga raina, masu kankarewa. Su na samo su ne daga labarin wani littafin fata da aka kwafe ayyukan masanin lissafin nan Arkimidis a ciki wajen ƙarni na 10, daga baya aka kankare shi aka rubuta addu'o'i a kai a 1229, ya yi ta yawo har aka yi gwanjonsa a 1998, sannan masu bincike suka yi ta haska shi da fitilu iri-iri har rubutun ƙasan ya fito aka karanta. Shekara sama da ɗari bakwai yana kwance ƙarƙashin wani rubutun bai mutu ba. Sai na yi mutanen da sana'arsu ke nan, kashe tsohon rubutu, kuma su kaɗai suka san ba ya mutuwa duka, sauran masana suna raina su suna zaunar da su a bakin ƙofa, alhali duk wanda rubutunsa ya ɓaci wurinsu yake zuwa da dare.

Yanzu sai tsarin taron kansa, kuma nan ne na fi daɗewa, nan ne kuma na fi jin daɗi. Na zauna kamar ni ce kwamitin shirya shi, na rubuta takardar gayyata, na yi ajanda ta kwana uku, zaman safe da na yamma, kowane zama da shugabansa, kowane mai muƙala da lokacin da aka ɗibar masa. Ina cikin yin rajistar mahalarta sai na tsaya cak, to ai a duniyar da rubutu ke aiki ba mai hankalin da zai rubuta sunansa a takarda ya miƙa wa abokin hamayyarsa. Kuma in mai muƙala zai nuna misali a allo gaban masana ɗari biyu, kalmar ba za ta tashi a tsakiyar zaure ba? Amsar a tsohuwar Masar na same ta. Rubutun da ke cikin dalolin sarakunansu, wanda mafi tsufansa yake dalar sarki Unas a Sakkara wajen shekara 2350 kafin haihuwar Annabi Isa alaihis salam, da na wasu kaburbura da suka biyo baya, akwai inda masu sassaƙa suke ƙin cika alamar abu mai rai, su yi mutum ba gangar jiki, su yi tsuntsu ba ƙafa, su datse maciji gida biyu, don a ganinsu hoton zai iya tashi ya cuci mai kabarin, alhali macijin nan mai ƙaho harafi ne kawai a wurinsu, sautin f yake bayarwa. Na ɗauki wannan na mayar da shi dokar zaure ta farko, ba a cika harafi a cikin taro, kowa in zai yi misali sai ya bar zanen ƙarshe a buɗe, kuma akwai dogari a gefen allo da ba shi da aiki sai kallon hannun mai rubutu. Suna kuwa ba a rubutawa, kowa dutse yake ajiyewa a tire a bakin ƙofa, in an tashi ya ɗauki abinsa.

Sai ga babbar matsala, sakatare. Taron masana ba ya yiwuwa ba a rubuta abin da aka tattauna ba, to yaya za a rubuta bayanin kwana uku na kalmomi masu haɗari ba tare da takardar ta zama bala'i ba? Kwana tara na yi a kan wannan tambayar ita kaɗai. Na fara cewa a haddace, sai na ga masu sassaƙa ba za su taɓa yarda da hadda ba, su da suke ganin ko tawada ba ta isa ba. Na ce a rubuta da wani harshe, sai na tuna na riga na faɗa a babi na 4 cewa duniyar rubutu ɗaya gare ta. Wata rana da hantsi ina riƙe da takardu biyu da na yi gwajin tawada a kansu, na ɗaga su wajen taga in ga ko sun bushe, suna haɗe, hasken ya ratsa, zanen ta baya ya hau kan na ta gaba suka yi wani harafi da ban rubuta ba. Wallahi sai da tsigar jikina ta tashi. Sakatare biyu! Kowanne da siririyar takardarsa, ɗaya ya rubuta rabin dama na kowane harafi ɗaya ya rubuta rabin hagu, suna zaune baya da baya ba mai ganin hannun wani, in an tashi a kai takardun ɗakuna biyu a garuruwa biyu, duk mai son karantawa sai ya nemi izini a haɗa masa su a haske na ɗan lokaci a raba. Kuma nan take na gane inda jarumata za ta zauna, ita ce sakatariyar hagu, tsohuwar da ke riƙe da aikin idonta ya yi rauni aka ɗauko yarinya mai koyo don hannunta a natse yake. Na zauna na gwada da hannuna, layi biyar kacal ya ci min awa biyu, kuma da na haɗa su haruffa da yawa ba su gamu ba sai da na ja layukan awo iri ɗaya a takardun biyu, wannan ma na sa shi a labarin, akwai wani allon awo mai ƙusoshi da ake huda takardun biyu tare kafin a fara zama.

Muƙalun kuma kowacce sai da na rubuta mata taƙaitaccen bayani kamar da gaske za a gabatar, guda goma sha huɗu, duk da cewa biyar ne kawai suka shiga babin. Akwai ta rubutu mai raguwa, wadda na samo daga wani likitan Rum na wajen ƙarni na 3, Serenus Sammonicus, da ya ce mai zazzaɓi a rubuta masa abrakadabra ana cire harafi ɗaya a kowane layi har ya rage saura ɗaya, layi 11 harafi 66, wai yadda kalmar ke ƙanƙancewa haka ciwon zai bi. Akwai ta rubutun baibai, daga 'yan fallayen darma kusan 130 da aka tono a wani marmaro a garin Bath na Ingila, yawancinsu na mutanen da aka yi wa sata ne suna kai ƙara, wasu an juya haruffansu. Waɗannan a gurguje na wuce su, layi kaɗan-kaɗan, don in ka tsaya kan kowacce ka koma gidan jiya.

Babban baƙon taron shi ya ba ni wahala. Da farko mugu na yi shi, mai girman kai da ƙarya, ƙanwata ta ce ba ta yarda da shi ba, mutum irin wannan ba zai yi shekara arba'in ana girmama shi ba. Sai na karanta labarin Athanasius Kircher, wani malami Bajamushe da ya zauna a birnin Rum a ƙarni na 17, da ya wallafa manyan littattafai yana cewa ya warware rubutun Masar, har akwai wurin da sunan wani sarki ne kawai a rubuce shi kuma ya karanta shi doguwar jimla ta sirrin bauta, sai a 1822 wani masani Bafaranshe, Champollion, ya buɗe ainihin hanyar karatun. Amma mutumin nan ba maƙaryaci ba ne, ya yarda da abin da yake faɗa, kuma ya dace a abu ɗaya babba, ya ce harshen Kibɗawa daga tsohon harshen Masar ya fito, wanda hakan ya taimaki na bayansa. Sai na sake ginin tsohon nawa a kan haka, mai kirki, mai ƙwazo, yatsunsa duk sun yi kanta da riƙon alƙalami, ya yi kuskure a ginshiƙi ya yi daidai a gefe, kuma ina tausayinsa ƙwarai lokacin da nake rubuta abin da ya same shi a rana ta uku.

Abin da ya same shi kwanon ƙasa ne. A Iraƙi ta yanzu, musamman a kufan Nippur, an tono kwanonin ƙasa masu yawa na wajen ƙarni na 6 da na 7, an rubuce cikinsu da harshen Aramiyanci rubutun yana zagayawa kamar nadin tabarma, ana binne su a kife a ƙarƙashin gida da nufin tsari. Abin da ya tsaya min a rai shi ne wasu daga cikinsu ba rubutu ba ne sam, wani ne da bai iya ba ya yi ta jan ƙwaƙyale-ƙwaƙyale masu kama da haruffa, mai saye ma bai iya karatu ba ya ɗauka ya kai gida ya binne. Na yi kwanaki ina tunanin mutanen nan biyu. To a taron nawa, zaman ƙarshe, wata mata daga cikin masu kankarewa ta taso daga bakin ƙofa ta ajiye kwano a gaban shugaban zama, ta ce an kawo mata ne ta kashe rubutun ciki, ta duba ta ga ba harafi ko ɗaya na gaskiya a ciki, shirme ne zalla, amma shekara goma sha biyu yana aiki, ta kankare shi sau uku bai daina ba. Zauren ya yi tsit. In siffa ce ke aiki ga kwano ba siffa, in tafiyar hannu ce ga hannun da bai san ta ina ake farawa ba, masu sassaƙa da masu tawada duk aka bar su riƙe da baki, tsohon nan ya karɓi kwanon yana juya shi a hannu yana neman harafi ɗaya da zai kama ya rasa. Ita kuma yarinyar ga ta da alƙalami, aikinta ta rubuta rabin hagu na duk abin da aka nuna, to mene ne rabin abin da ba harafi ba? Ta ɗaga hannu ta tambaya, ita da ba a yarda sakatare ya yi magana ba, kuma wannan tambayar ce ta buɗe sauran labarin gaba ɗaya.

Rubutun farko na babin ya kai shafi talatin da ɗaya kuma kowa a ciki da muryata yake magana, sai da na karanta shi da ƙarfi ni kaɗai a ɗaki na ji hakan. Na koma na bi su ɗaya bayan ɗaya, masu sassaƙa na gajarta musu zance don wanda ya saba kowane harafi na cin masa yini ba ya ɓarnar kalma, masu tawadar hayaƙi na bar su suna faɗa suna gyarawa suna cewa a'a ba haka nake nufi ba, matar kwanon kuwa jimla bakwai kacal ta yi a duk babin. Na yanke zaman rana ta biyu kusan duka duk da ina son shi, ya dawo shafi goma sha tara. Dokokin nan na shafi shidan farko ba wadda na jera, amma duk suna ciki, kowacce ta fito ne a bakin wanda yake ƙoƙarin rushe ta.

Ranar da na gama ban ba ƙanwata babin kaɗai ba, na haɗa mata da siraran takardu biyu da na yi daren jiya ina rubutawa da tawadar cokalin nan, layin ƙarshe na bayanin taron, rabi a nan rabi a can, da haruffanmu na yau da kullum don ta iya karantawa. Ta karance babin ba ta ajiye ba ko sau ɗaya, sannan ta ɗauki takardun ta juya su ta rasa gane kansu, na ce je ki taga. Ta haɗa hujin ƙusa da hujin ƙusa ta ɗaga su a rana, na ga leɓenta yana motsi tana haɗa haruffan a hankali, an ɗage zama sai an nemo wanda ya rubuta kwanon. Ta juyo ta ce, "Yaya, to waye ya rubuta shi?" Na ce mata yana babi na 12, ta ce in ba ta, na ce ban fara ba tukuna, ta miƙo min alƙalamin karan da ke kan tebur ta ja ƙofa ta fita.